Babi na Uku: Abin da Iri Yake Jira

A ƙarshen bazara, tun hadari bai fara haɗuwa da gaske ba, manoman gero a ƙasashen Daura, Gumel, Damagaram da Maraɗi sukan saɓa sungumi su fita yin binne. Ƙasa a bushe take ƙayau, rairayi na ƙona tafin ƙafa, amma a haka za a sara rami, a jefa 'yan ƙwayoyi, a take da diddige, a yi gaba. Irin yakan yi mako biyu, wani lokaci har wata guda, a cikin wannan zafi ba abin da ya same shi. Ran da aka tafka ruwa mai ƙarfi, kwana uku zuwa huɗu sai ka ga gona ta yi kore layi-layi. Abu ɗaya mai binne yake fargaba, shi ne yayyafin da zai ɗan jiƙa ƙasa ya tayar da iri, sannan sama ta ɗauke. In haka ta faru tsiron ya ƙone, sai a sake shuka, in akwai sauran iri a gida.

Manomi ya san wannan tun yana yaro, kuma a cikinsa akwai gaskiya biyu da ilimin tsirrai ya tabbatar. Ta farko, iri abu ne mai rai, kuma yana iya jira. Ta biyu, in ya farka ba ya komawa barci. Saboda haka babu wani lokaci a rayuwar shuka da ya kai na tsirowa haɗari, kuma kowane iri yana da nasa sharaɗin da sai ya cika zai yarda ya motsa.

Me ke cikin ƙwaya?

Hanya mafi sauƙi ta leƙa cikin iri ita ce a jiƙa wake ya kwana. Da safe, da an ɗan murza, fatar za ta saɓule, ƙwayar ta rabu gida biyu. A tsakanin ɓari biyun, ta gefe, akwai wani ɗan abu fari mai lanƙwasa. Tsininsa saiwa ce, 'yan filla-fillan da ke samansa kuma ganye biyu ne a naɗe. Shukar wake ce sukutum, an dunƙule ta a wurin da bai kai ƙwayar shinkafa ba. Ɓari biyun kuwa guzuri ne irin wanda uwa ke ɗaure wa ɗanta in zai yi tafiya, shi zai ci har ranar da zai buɗe ganye ya fara nema wa kansa abinci da hasken rana. A gero da dawa da masara tsarin ya ɗan bambanta. Ɗan tsiron yana maƙale a gindin ƙwaya, garin da ya cika sauran wurin shi ne abincinsa. Tuwo da fura da kunu da ƙosai, duk abincin da tsirrai suka tanadar wa 'ya'yansu muke ci.

Sirrin jira yana cikin bushewa. Ɗanyen ganye kusan duk ruwa ne, kashi 80 zuwa 90 cikin 100, amma a busasshen iri ruwan bai wuce kashi 10 zuwa 12 ba. Da wannan ƙarancin ruwa aikin jikinsa ya kusan tsayawa cik. Yana numfashi, amma kaɗan ƙwarai, yadda abincinsa zai daɗe bai ƙare ba.

Abu uku ke tayar da shi: ruwa, iska da ɗumi. Ruwa na shiga sai ƙwayar ta kumbura, wasu sinadarai na cikinta su fara narkar da sitaci suna mayar da shi sukari, domin ɗan tsiro ba ya iya shan gari sai an narkar masa. Shi ya sa dawar da ta tsira take da zaƙi, shi ya sa wasu masu kunun zaƙi suke sa tsiron shinkafa ko na dawa a kununsu. Da wannan hikima ma'aikatan lafiya ke ba iyaye mata shawarar barbaɗa garin tsiro a kunun yaye mai kauri. Kunun yakan tsinke nan take, yaro ya sha abinci mai yawa ba a cika masa ciki da ruwa ba. Iska kuwa, rashinta ne ke ruɓar da iri a gonar da ruwa ya kwanta. Sannan girman ƙwaya shi ke faɗin zurfin rami. Gero da riɗi abincinsu kaɗan ne, in aka binne su da zurfi sai ƙarfinsu ya ƙare kafin su ga rana, masara kuwa tana iya fasa ƙasa mai kauri.

Saiwa ce ke fara fitowa, kuma ko ta wace fuska aka ajiye ƙwayar, ƙasa take nufa. Charles Darwin da ɗansa Francis sun yi bayanin wannan a littafinsu na 1880 a kan motsin tsirrai. Sun nuna cewa in aka yanke ɗan tsinin saiwa, sauran ta kan ci gaba da tsawo amma ba ta ƙara lanƙwasawa ta nufi ƙasa sai tsinin ya sake tohowa. Wato a wannan ɗan tsini ne shuka ke gane sama da ƙasa.

Ba kowane iri ke amsa ruwan fari ba

Gero da wake suna tsirowa da zarar sun sha ruwa ne saboda mun daɗe muna horar da su. An tono ragowar geron noma a kwarin Tilemsi na ƙasar Mali da ya kai shekara 4,500. A duk waɗannan damuna, ƙwayar da ta tsira da wuri ita aka girbe aka sake shukawa, wadda ta yi nawa aka bar ta a baya. Sannu a hankali muka raba amfanin gona da taka-tsantsan ɗin da aka halicce shi da shi, muka ɗauki nauyin zaɓar masa ranar shuka.

Ciyayi da itatuwan daji ba su da mai zaɓar musu rana. In da duk 'ya'yan tafasa za su tsira a ruwan fari, fari ɗaya ya isa ya shafe zuriyarta. Sai aka ba su ɓawo mai tauri da ruwa ba ya ratsawa, kuma ba rana ɗaya yake laushi ba. Wasu su tsira bana, wasu baɗi, wasu su zauna a ƙasa shekaru. Manomin da ya yi noman fari da maimai tsaf, amma ya ga ciyawa ta sake fitowa, abin da yake fama da shi ke nan.

Gawo ya fi kowa iya wannan lissafi. Yana zubar da ganye da damina, ya yi kore da rani, 'ya'yansa kuma su nuna su zubo daidai lokacin da dabbobi ba su da ciyawa. Shanu da awaki da tumaki su cinye kwanson. Wasu ƙwayoyin su narke a ciki, wasu su fito da ɓawonsu ya yi laushi, a wuri mai nisa da inuwar uwarsu, cikin kashi da zai zame musu taki. Masu renon dashe suna kwaikwayon wannan ne in suka zuba wa irin gawo ko bagaruwa ko kuka ruwan zafi suka bar shi ya huce ya kwana, ko suka ɗan ƙwarzane ɓawon da wuƙa. A ƙasashen sanyi sharaɗin daban ne. Irin tuffa ba ya tsirowa sai ya yi makonni cikin sanyi da laima, don kada ya fito da kaka ƙanƙara ta kashe shi.

Akwai kuma waɗanda ba su san jira ba sam. Ƙwallon mangwaro, goro, koko da ƙwarar kaɗanya, in suka bushe sun mutu. Irin darbejiya ma ba ya daɗewa da ƙarfinsa. Waɗannan sai a shuka su suna ɗanyu. Ko a cikin gyaɗa akwai bambanci: mai yaɗo takan yi barci na ɗan lokaci bayan ta nuna, amma da yawa daga cikin masu tsayuwa da saurin nuna, in ruwan ƙarshen damina ya same su ba a cire ba, a cikin ƙasa za su tsire, manomi ya yi asara.

Ƙuduji, irin da ke sauraro

Babu irin da ya kai na ƙuduji dabarar jira, wanda wasu ke kira wuta-wuta, wasu gaugai. Duk mai gonar dawa ko gero ko masara a ƙasar da ta gaji ya san kyawawan furanninsa masu launin shunayya, kuma ya san cewa inda suka yawaita zangarniya ba ta cika. Ƙwayarsa ƙura ce, ba ta kai rabin milimita ba. Gindi ɗaya yana zubar da dubun dubata, kuma suna iya zama a ƙasa fiye da shekara 10 da ransu.

Ƙwaya mai wannan ƙanƙanta abincin 'yan kwanaki kawai take da shi. In ta tsira ba ta samu saiwar da za ta maƙale wa ba, ta mutu. Don haka ruwa kaɗai ba ya tayar da ita. Sai ta yi kamar mako ɗaya zuwa biyu cikin laima da ɗumi tukuna, sannan ta jira wani sinadari da saiwar shuka ke fitarwa. In ta ji shi, ta san akwai saiwa kusa da ita ƙwarai, sai ta tsira, ta huda saiwar, ta fara tsotsar ruwa da abinci. Tana yin makonni a ƙarƙashin ƙasa tana wannan ɓarna kafin ta leƙo. Lokacin da manomi zai ga ƙuduji da ido, rabin aikin ya riga ya gama.

A 1966 masana a Amurka suka fara ware wannan sinadari daga saiwar auduga, suka sa masa suna sitirigol. Sauran tambaya ita ce, me zai sa shuka ta riƙa fitar da abin da ke kiran maƙiyinta? Amsar ta zo daga Japan a 2005. Shuka tana fitar da shi ne don ta kira wasu ƙananan halittu dangin funfuna da ke zaune a ƙasa, waɗanda ke taya saiwa jawo sinadarin fosfet. Yadda ƙasa ta talauce, haka shuka ke ƙara fitar da kiran, ƙuduji kuma yana jin sa. A nan ne maganar manoma cewa ƙuduji ciwon gonar da ba ta samun taki ne ta samu hujja. A nan ne kuma dabarar yaƙarsa ta fito. Auduga da waken suya da gyaɗa suna fitar da kiran, amma ƙudujin hatsi ba ya iya rayuwa a saiwarsu. In aka shuka su a gonar da ya addaba, ƙwayoyinsa da yawa za su tsira su mutu da yunwa. A haɗa da takin gida, a kuma tuge wanda ya fito a ƙone shi kafin ya yi 'ya'ya, shekara kan shekara ajiyarsa da ke ƙasa tana raguwa.

Shekara nawa iri zai iya jira?

A 1879 wani malamin ilimin tsirrai a jihar Michigan ta Amurka, William Beal, ya cika kwalabe 20 da yashi haɗe da irin ciyayi fiye da kala 20, ya binne su. Nufinsa ya san tsawon lokacin da irin ciyawa ke zama a gona. Da farko duk shekara 5 ake tono kwalba ɗaya, daga baya aka mayar da shi 10, sannan 20. A 2021 aka tono wata, kuma irin wata ciyawa ya tsira bayan fiye da shekara 140. Ƙwallon dabino ya wuce nan. An tono wasu a kangon Masada, kusa da Mataccen Teku, a shekarun 1960. A 2005 aka shuka ɗaya ya tsira, gwaji kuma ya nuna ya kai kimanin shekara 2,000.

Kada wannan ya ruɗi mai rumbu. Irin gyaɗa ko waken suya da aka ajiye a ɗaki mai zafi da gumi yana iya rasa ƙarfinsa kafin damina ta zagayo. Abin da ke tsufar da iri laima ce da zafi. Masana ajiyar iri suna da ƙa'ida: a iya wani mizani, duk kashi 1 cikin 100 da aka rage na laimar iri yana ninka tsawon ransa, haka ma duk digiri 5 da aka rage na zafin ma'ajiya. Kakanninmu sun bi wannan hanya da abin da ke hannunsu. Tun a gona ake zaɓar zangarniya mafi cika, a shanya ta bushe sarai, a ɗaure ta a rataye inda hayaƙin murhu ke bugunta, ko a sa dami a rumbu ba a sussuke ba. Shawarar da Annabi Yusuf, amincin Allah ya tabbata a gare shi, ya ba mutanen Masar ke nan, cewa a bar hatsin ajiya a zangarniyarsa. Wake kuma a cakuɗa shi da toka ko yashi. Yau akwai buhun PICS mai ninki uku, wanda masana na Jami'ar Purdue suka ƙirƙira, da ke toshe iska har ƙwaron wake ya mutu ba a sa magani ba.

Manyan rumbunan iri na duniya wannan ƙa'ida suke bi, sai dai da na'ura. A busar da iri, a rufe shi ruf, a ajiye a sanyin digiri 18 ƙasa da sifili. Cibiyar IITA da ke Ibadan, wadda aka kafa a 1967, tana riƙe da samfurin wake fiye da 15,000, tarin da babu kamarsa a duniya. Cibiyar ICRISAT tana da ma'ajiyar gero da sauran amfanin Sahel a Sadore, kusa da Yamai. A 2008 aka buɗe rumbun Svalbard a cikin dutse, a wani tsibiri na ƙasar Norwe, don kowace cibiya ta kai kwafin abin da take da shi, kuma akwatunan Ibadan na cikin waɗanda suka fara isa. Amfaninsa ya bayyana a 2015, lokacin da yaƙin Siriya ya raba cibiyar ICARDA da ma'ajiyarta ta Halab. Ta karɓo ajiyarta daga Svalbard, ta sake shukawa a Lebanon da Maroko.

Tun kafin wannan, a lokacin da sojojin Jamus suka yi wa birnin Leningrad ƙawanya daga 1941 zuwa 1944, ma'aikatan cibiyar iri da masanin tsirrai Nikolai Vavilov ya jagoranta sun tsare tarin shinkafa da alkama da gyaɗa, yunwa ta kashe da dama daga cikinsu ba su taɓa shi ba. Shi kansa Vavilov ya rasu a kurkuku a 1943. Duk wanda ya ga farin 1973 ko na 1984 a ƙasarmu ba sai an yi masa bayanin wannan ba. Ya san cewa gidan da ya kai ga cin iri ya ci abincin baɗi, kuma in irin da aka gada ya ƙare a ƙauye, kuɗi ba sa dawo da shi.

Littafin da yaronmu bai samu ba tukuna

Ana rubuta wa yara littattafai masu kyau a kan iri a wasu harsuna. The Carrot Seed na Ruth Krauss, da ya fito a 1945, labarin yaro ne da ya shuka karas, kowa a gida ya ce ba zai fito ba, shi kuwa ya ci gaba da ban ruwa da cire ciyawa har ya fito. The Tiny Seed na Eric Carle, na 1970, yana bin wata 'yar ƙwaya daga iskar kaka zuwa ƙanƙarar hunturu har ta yi fure. Manya ma suna da irin su The Triumph of Seeds na Thor Hanson, na 2015. Ina son waɗannan littattafai, kuma ina son yaranmu su karanta su. Amma yaron da a nan kaɗai ya koyi tsirrai zai tashi yana ganin iri na farkawa ne in ƙanƙara ta narke, alhali ƙwayar gawo da ke cikin kashin akuya a ƙofar gidansu tana da labarin da ya fi wannan, ba a ba shi ba.

Ba a rasa tushe ba. J. M. Dalziel, likitan da ya yi aiki a Arewacin Nijeriya, ya wallafa ƙamus na sunayen tsirrai da Hausa a 1916, sannan babban littafinsa a kan tsirrai masu amfani na Afirka ta Yamma a 1937, kuma daga bakin manoma da makiyaya da masu magani ya tattara mafi yawan sunaye da amfanin da ya rubuta. Abubakar Imam da Rupert East sun rubuta Ikon Allah a Zariya, suka nuna cewa Hausa tana iya ɗaukar bayanin halitta ba tare da ta yi tuntuɓe ba. Masanan aikin gona na Samaru sun shafe shekaru suna fitar da irin dawa da wake da masara da gyaɗa. Ilimin ya rabu ne gida biyu, rabi a kan tsofaffin da ke ƙarewa, rabi a rahotannin Turanci da manomi ba ya karantawa. Aikin marubutanmu da masu zanenmu ne su haɗa su, su ba ɗan shekara 6 labarin ƙwayar gero mai hoto, su ba ɗan sakandare labarin ƙuduji, su ba magidanci littafin da zai duba kafin ya sayi iri a kasuwa.

Kafin wannan ya samu, iyaye da malamai suna da abin yi, domin gani ya kori ji. A sa takarda mai laima a cikin kofin gilashi, a cusa wake tsakaninta da gilashin, bayan saiwa ta fito a kwantar da kofin a gefe, yaro ya ga yadda za ta juya. A raba irin gawo kashi uku, ɗaya a shuka shi haka, ɗaya a jiƙa da ruwan zafi, ɗaya a ƙwarzane, yara su riƙa rubuta ranar da kowanne ya fito. A ƙirga ƙwaya 100 daga irin da za a shuka bana, a naɗe a tsumma mai laima, bayan mako a ƙirga waɗanda suka tsira. In 80 ko fiye suka fito, iri yana da kyau. In ba su kai rabi ba, yaro ya ceci gonar mahaifinsa tun ba a kai ga sara ba, kuma ya koyi cewa tambaya ana iya gwada ta a samu amsa.

Da tsiro ya buɗe ganyensa na farko, abincin da aka tanadar masa ya ƙare. Daga nan zuwa ya zama karan dawa da ya fi mutum tsawo, ko kukar da mutum goma ba sa iya rungumewa, daga ina jikin nan yake fitowa, tunda ƙasar gindinsa ba ta raguwa? Wannan ita ce tambayar babi na gaba.